Wai waye giranmasta a darar Turawa, kuma me ya hana mu samun ko ɗaya?

Tunde Onakoya ba giranmasta ba ne jama'a, wato mai laƙabin da ya fi kowanne girma a darar Turawa, don Allah mu daina rubuta hakan a guruf ɗin 'yan gari. Na san wasu za su ce hassada ce, to wallahi ba ita ba ce, bawan Allahn nan ya yi abin a yaba masa, a watan Afrilun 2024 ya zauna a dandalin Times Square na birnin Niyok shi da abokin karawarsa Shawn Martinez suka kwashe awa 60 suna buga darar Turawa, wato ces, don tara kuɗin karatun yara, da shekara ta zagayo a 2025 suka sake zama suka yi awa 64 har Guinness ta sa su a kundinta. Yaron Ikorodu ne da ya koyi wasan a shagon aski, ya kafa Chess in Slums yana bin unguwannin talakawa yana koya wa yara, duk wannan haka yake. Amma laƙabinsa a wasan nashinal masta ne, na cikin gida, kuma tsakaninsa da giranmasta akwai tafiya mai nisan gaske. Abin da ya fi wannan ciwo ma shi ne Najeriya kaf ɗinta, da mutum sama da miliyan 200, har yau ba ta fitar da giranmasta ko ɗaya ba.

Ni malamin lissafi ne a ƙaramar sakandare a nan ƙauyukan wajen Ringim, wasan a hannun wani ɗan bautar ƙasa na koya, ya gama ya tafi ya bar mana allonsa, doki ɗaya ya ɓata muna sa murfin kwalbar lemo a madadinsa, yanzu kuma yawanci a waya nake bugawa in netwok ya ga dama. Na san kuma malamai sun yi maganganu a kan shaɗaranji, wato wannan wasan, tun a littattafan fiƙihu, wannan ba fagena ba ne kowa ya tambayi malaminsa, mu dai namu babu caca a ciki kuma da an kira salla allo yake zama a wajen.

To bari mu bi abin daki-daki. Hukumar da ke ba da laƙabin nan sunanta FIDE, an kafa ta a Faris a 1924, amma sai 1950 ta fara naɗa giranmasta a hukumance, mutum 27 ta ba a tashin farko. Matakan huɗu ne in ka ajiye na mata a gefe, CM, wato kandidet masta, shi ne na ƙasa, mai maki 2200, sai FM, FIDE masta, 2300, sai IM, intanashinal masta, 2400, sannan GM, giranmastan kenan, 2500. Makin nan ba wani ne ke zama ya ba ka don yana ganin mutuncinka ba, lissafi ne zalla, wani malamin fiziks ɗan asalin Hangari mazaunin Amurka mai suna Arpad Elo shi ya tsara shi, FIDE ta karɓa a 1970. In ka ci wanda ya fi ka maki a ƙara maka da yawa, in ka ci na ƙasa da kai ɗan kaɗan za ka tsira da shi, in kuwa na ƙasan ne ya ci ka to ranar ka shiga uku don zaftare maka za a yi ba tausayi. In tazarar 200 ce a tsakaninku, lissafin na sa ran na saman zai kwashe wajen kashi 76 cikin 100 na makin wasanninku. Shi ya sa manya ba sa ƙaunar a haɗa su da ƙananan yaran nan masu tasowa waɗanda makinsu bai kamo ƙarfinsu ba tukuna, riba kaɗan asara da yawa.

Amma fa kai wa 2500 kaɗai ba ya ba ka GM, sai ka haɗa da abin da suke kira nom, yawanci guda uku, kuma a nan gizo ke saƙar. Nom ɗaya na nufin ka shiga gasa mai wasa aƙalla 9, ka taka rawar da in aka auna ta za ta kai ta mai maki 2600, cikin waɗanda ka kara da su a samu giranmasta aƙalla uku, kuma dole a samu 'yan wasu ƙasashe ba 'yan ƙasarku kaɗai ba, sannan jimillar wasannin nom-nom ɗin naka duka su kai 27. Yanzu don Allah ka zauna ka duba, ƙasar da ba ta da GM ko ɗaya ina za ta samo uku ta zuba a gasa? Ko dai a gayyato su a biya musu jirgi da otal da kuɗin zuwa, ko kai ka nemi biza ka bi su Turai ka yi wata da watanni kana cin kuɗin aljihunka da canjin dala na yanzu, kuma rabin maki ɗaya tak in ya kuɓuce maka a wasan ƙarshe nom ɗin ya tafi sai a sake sabon lale. Ni kullum da Alhaji nake kwatanta laƙabin nan, in ka samu sau ɗaya ka samu har ka koma ga Allah ko da ƙarfinka ya ƙare, amma komai iliminka ba mai kiranka da shi sai ka biya kujera ka taka can. Duk duniya waɗanda aka taɓa ba wa GM wajen 2,000 ne kacal.

Shi ya sa in na ga ana ta yaɗa hoton yaro ɗan shekara 12 wai ya zama giranmasta, tambayar da nake fara yi ita ce wa ya biya kuɗin hanya. Wanda ya fi kowa ƙarancin shekaru da ya samu shi ne Abhimanyu Mishra na Amurka, a 2021, yana da shekara 12 da wata 4 da kwana 25, ya karya tarihin da Sergey Karjakin ya kafa tun 2002 na shekara 12 da wata 7. To yadda aka yi, babansa ne ya ɗauke shi suka tare a Budafes ta Hangari wata da watanni yana fita daga wannan gasa yana faɗawa waccan har abin ya kama. Gukesh na Indiya shi ma yana ɗan 12 ya samu, kuma babansa likitan kunne da hanci da maƙogwaro ne, ya ajiye aikin ya koma raka ɗansa ƙasa-ƙasa, mahaifiyar ce ta riƙe gidan. Ba wai ina rage musu ba ne, yaran nan ƙwaƙwalwarsu ba irin tamu ba ce, amma kowanne ka bincika akwai gidan da ya tsaya a bayansa da dukiya da lokaci. A zamanin Bobby Fischer da ya samu yana ɗan 15 a 1958 duniya ta girgiza, yau kuwa ɗan 15 har ana ganin kamar ya ɗan makara, kwamfuta ce ta sauya komai, yaro yana ɗaki da injin da ya fi zakaran duniya ƙarfi yana gyara masa kuskurensa.

A Afirka 'yan arewacin nahiyar ne suka riga kowa, Slim Bouaziz na Tunisiya ya samu a 1993, Masar kuma ta fitar da Ahmed Adly wanda ya ci gasar matasa ta duniya a 2007, da Bassem Amin, likita ne shi ma, kuma shi ne ɗan Afirka na farko da ya haura maki 2700. Daga kudu da Sahara kuwa Amon Simutowe na Zambiya ne ya fara, kuma nom ɗinsa na ƙarshe sai da ya je Holan ya samo a 2007. Kenny Solomon na Afirka ta Kudu ta wata ƙofar ya shiga, ya ci gasar Afirka a Namibiya a 2014, don FIDE na ba wa zakaran nahiya laƙabin kai tsaye. Baƙar fata na farko da ya zama GM a duniya kuwa Maurice Ashley ne, haifaffen Jamaika da ya tashi a Niyok, a 1999. Mu a nan IM muka tsaya, muna da su irin su Odion Aikhoje da Oladapo Adu da Bunmi Olape da Daniel Anwuli, kuma abin da da yawa ba su sani ba shi ne Aikhoje ya taɓa ciyo zinare a allo na biyu, wato a matsayin ɗan wasa na biyu a tawagar Najeriya, a gasar Olamfiyad ta 1998 a garin Elista na Rasha, gasar da ƙasashe sama da ɗari ke zuwa, amma ka tambayi matasan majalisarmu ko sun taɓa jin sunansa, su da suka haddace har 'yan benci na Arsenal. Ga kuma Tanitoluwa Adewumi, yaron da iyayensa suka bar Najeriya a 2017 suka zauna a gidan marasa matsuguni a Niyok, a makarantar firamare ta can aka koya masa wasan, a 2019 yana ɗan shekara 8 ya ci gasar jihar ta ajinsu, yana ɗan 10 ya zama nashinal masta na Amurka. Da yana nan fa? Wa zai ma miƙa masa allon?

Kambun duniya kuma daban yake da GM, wannan mutum ɗaya ne ke riƙe da shi kuma ƙwace shi ake yi. An fara ƙirga shi daga Wilhelm Steinitz a 1886. Wanda ya fi daɗewa da shi Emanuel Lasker ne na Jamus, dakta a lissafi, shekara 27 cur daga 1894 zuwa 1921, sai Capablanca na Kyuba ya karɓa, mutumin da ya taɓa yin shekara 8 ba a ci shi wasa ko ɗaya a gasa ba. Alekhine shi kaɗai ne ya mutu da kambun a hannunsa, a 1946. Daga 1948 kuma 'yan Tarayyar Sobiyet suka mayar da abin nasu, Botvinnik, Smyslov, Tal, Petrosian, Spassky, suna ta miƙa wa juna saboda gwamnatinsu albashi take biyan 'yan wasa tana gina musu makarantu, ka ga maganar kuɗi ta sake dawowa kenan.

Fischer ne ya katse musu hanzari a 1972 a Aislan, kuma wannan bawan Allah rigimammen gaske ne. Kafin ya kai ga Spassky ya yi wa Taimanov 6 da nema, ya yi wa Larsen 6 da nema, manyan giranmasta fa ba 'yan koyo ba, kamar yadda a gasar Amurka ta 1963 zuwa 64 ya buga 11 ya cinye 11. Da lokacin karawar ya zo sai ya ƙi hawa jirgi wai kuɗin sun yi kaɗan, sai da wani attajirin Ingila Jim Slater ya ninka kyautar ta koma dala 250,000, Henry Kissinger, mai ba shugaban Amurka shawara kan tsaro a lokacin, da kansa ya buga masa waya yana lallashi. Ya zo aka ci shi wasan farko, na biyu ya ƙi fitowa wai kyamarori na damunsa aka ba Spassky a bagas, 2 da nema kenan, Spassky don dattako ya yarda aka koma wani ɗan ɗaki a baya aka buga na uku, daga nan labari ya sha bamban aka tashi 12½ da 8½. Sai kuma ya ƙi kare kambun a 1975 saboda FIDE ba ta amince da duk sharuɗɗansa ba, aka miƙa wa Anatoly Karpov ba tare da ya motsa ko soja ɗaya ba. A Aislan ɗin Fischer ya mutu a 2008 yana da shekara 64, daidai da yawan gidajen allon.

Karawar da ni ta fi ba ni mamaki ita ce ta Karpov da Garry Kasparov da aka fara a Mosko a Satumban 1984. Dokar ita ce wanda ya fara cin wasa 6 shi ne zakara, canjaras ba ya shiga lissafi. Karpov ya yi 4 da nema cikin wasa 9 na farko, kowa ya ce an gama, sai yaron nan Kasparov ya ƙanƙame ya koma tsaron gida suka jera canjaras 17, Karpov ya ƙara ɗaya ya zama 5 da nema, saura ɗaya tak, ɗayan nan kuwa ya gagara. Kasparov ya ci na 32, ya ci na 47 da na 48, sai kawai shugaban FIDE na lokacin Florencio Campomanes ya fito a Fabrairun 1985 ya ce an soke karawar wai 'yan wasan sun gaji, bayan wata biyar da wasa 48, 40 a ciki canjaras. Har gobe ana musu kan wa aka ceta ranar, ni dai a ganina wanda aka ci sau biyu a jere shi ya fi buƙatar hutun. Aka sake daga farko, a Nuwamban 1985 Kasparov ya ɗauke yana ɗan 22. Mutanen nan biyu sun buga wasa 144 a karawar kambu biyar, Kasparov ya ci 21 Karpov 19, sauran 104 kunnen doki, ka ji kusanci. Kasparov ɗin ne kuma kwamfutar IBM mai suna Deep Blue ta doke a 1997 da 3½ da 2½, bayan shi ya doke ta a 1996.

Abin dariya ma akwai. A 1978 a garin Baguio na Filifin, Karpov na karawa da Viktor Korchnoi, aka kawo wa Karpov yogot ana tsakiyar wasa, sai ɓangaren Korchnoi suka kai ƙara wai wataƙila kalar yogot ɗin saƙon sirri ce daga masu horar da shi, har sai da alƙalai suka sa doka kan lokacin da za a kawo. Su kuma 'yan Sobiyet sun ajiye wani mutum a cikin 'yan kallo aikinsa kawai ya ƙura wa Korchnoi ido, shi kuma ya sanyo tabarau mai madubi. Wani kawuna da na ba shi labarin nan cewa ya yi, “To ɗana, ashe su ma Turawan suna tsoron kambun baka.” Na ce Kawu ai tsoro babu ƙabila. Magnus Carlsen na Nowe ma, wanda ya fi kowa maki a tarihi, 2882 a 2014, wanda ya jera wasa 125 ba a ci shi ba daga 2018 zuwa 2020, a Disamban 2024 an ci shi tarar dala 200 a Niyok saboda ya zo gasa da wandon jins, aka ce ya je ya canja ya ce ba zai canja ba ya fice abinsa. Shi dama tun kafin nan ya ajiye kambun da ya ƙwata a hannun Viswanathan Anand na Indiya a 2013, ya ce ba ya jin sha'awar karewa kuma, shi ne Ding Liren na Sin ya samu a 2023, Gukesh kuma ya karɓe a Singafo a Disamban 2024 da 7½ da 6½ yana ɗan 18, a wasan ƙarshe da kowa ya gama cewa canjaras ne Ding ya yi motsi ɗaya na kuskure a na 55 komai ya rushe. Indiya fa sai 1988 ta samu GM ɗinta na farko, Anand ɗin nan, yau sun haura 80, kuma a Olamfiyad ta 2024 su suka ɗauke zinaren maza da na mata duka.

Mata ba zan tsallake su ba don 'yan matan ajina na karanta abin da nake rubutawa. Nona Gaprindashvili ta Jojiya ce macen farko da ta samu GM irin na kowa da kowa a 1978. Amma wadda ta gagara ita ce Judit Polgar ta Hangari, babansu a gida ya koyar da ita da yayyenta biyu, a 1991 ta zama GM tana da shekara 15 da wata 4 ta karya tarihin Fischer, ta kai maki 2735, ta kai ta 8 a duniya maza da mata a 2005, ta ci Kasparov a wasan sauri a 2002, kuma ba ta taɓa neman kambun mata ba, da maza take gogawa.

Yanzu ga mutumin da saboda shi na zauna rubutun nan, don shi ɗan ƙauye ne irinmu. Sunansa Sultan Khan, Musulmi daga wani gari Mitha Tiwana a yankin Funjab, inda yake cikin Fakistan a yau. A wajen babansa ya koyi wasan, kuma ba ma irin na Turawa ba, irin na Indiya na gargajiya wanda soja ba ya tsallake gida biyu a fitar farko, dokokin buɗe wasan duk daban. Wani babban mai ƙasa Sir Umar Hayat Khan ya ga baiwarsa ya jawo shi gidansa aka koya masa dokokin Turai, a 1928 ya ci gasar Indiya baki ɗaya da maki 8½ cikin 9, a 1929 maigidan ya tafi da shi Landan cikin tawagarsa. Ka tuna fa lokacin Ingila ce ke mulkin ƙasarsu kamar yadda take mulkin tamu, ga mutum bai iya karanta littattafan wasan da abokan karawarsa suka haddace ba, ga sanyin ƙasar na ta kwantar da shi da mura da zazzaɓi, amma a shekarar da ya sauka ya cinye gasar Birtaniya. Ya sake ci a 1932, ya sake a 1933. A gasar Hastings ta ƙarshen 1930 ya zauna da Capablanca, wancan da na ce ya yi shekara 8 ba a ci shi ba, ya matse shi a hankali a hankali har ya sallama. A 1931 ya doke wani babban gwani mai suna Tartakower a karawar wasa 12, ya riƙe wa Ingila allo na ɗaya a Olamfiyad har sau uku, ya yi canjaras da Alekhine yana zakaran duniya. Masana wasan sun ce buɗewarsa ba ta da ƙarfi saboda rashin karatun, sai an shiga tsakiya da ƙarshe yake nuna musu shi ba sa'ansu ba ne. Akwai ma wata Fatima daga gidan maigidan nasa da ta cinye gasar matan Birtaniya a 1933 ɗin.

A ƙarshen 1933 maigida ya tattara ya koma gida, Sultan Khan ya bi shi, ya koma gonarsa a wajen Sargodha ya ci gaba da noma har tarin fuka ya yi ajalinsa a 1966. Shekara huɗu zuwa biyar kawai ya yi a fagen duniya. Da FIDE ta zo rabon laƙabi a 1950 ta tuna da tsofaffi irin su Rubinstein da Tartakower, mutanen da ya ci da hannunsa, shi kuwa ko IM ba a ba shi ba, ba ya Turai, ba mai tsaya masa a wajen taro. Sai Fabrairun 2024, shekara 58 bayan rasuwarsa, shugaban FIDE ya je Islamabad ya miƙa takardar GM ta girmamawa, ya zama giranmastan Fakistan na farko yana kabari. Wannan kaɗai ya ishe ni hujja cewa laƙabin nan rabi ƙwaƙwalwa ne rabi kuma wa ya kai ka wajen, wa ya rubuta sunanka.

Kuma kar wani ya ce mana tunanin irin wannan wasa baƙo ne a wajenmu. Asalinsa ma Indiya ne, ya bi ta Farisa ya shigo hannun Musulmi, a fadar Abbasiyawa a Bagadaza akwai gwanaye irin su al-Adli da as-Suli da suka rubuta littattafai a kansa har suka kasa 'yan wasa aji-aji shekara dubu kafin a haifi FIDE, daga hannun Musulmi ya shiga Turai, a Borno ma an rubuta cewa an buga wani nau'insa. Ga kuma darar gida, rami 30 a ƙasa, kowa da 'ya'ya 12, wannan da kara wancan da tsakuwa. Akwai wani dattijo a garinmu da in rani ya yi aka gama sussukar gero ba ya tashi daga gindin dalbejiyar bakin kasuwa, daga garuruwan kewaye ake zuwa ranar kasuwa don a gwada shi, tun wajen zuba 'ya'ya yake gama da mutum yana ta hirar farashin taki kamar hankalinsa ba ya wajen. Na taɓa nuna masa ces a waya na yi masa bayanin tafiyar kowanne, ya kalla ya kalla ya ce, “Malam, dokin nan shi ne munafukin cikinsu, shi za a sa wa ido.” Duk wanda doki ya taɓa kama wa sarki da sarauniya a lokaci guda ya san Baba bai yi ƙarya ba. Mutumin nan ba shi da maki, ba a taɓa rubuta wasansa ko ɗaya ba, alhali wasan da aka buga a Landan a 1851 yana nan motsi bayan motsi kowa na iya buɗewa a waya ya kalla, don su doka ce a gasa kowa ya rubuta abin da ya buga.

Ga masu tambayata ta inbok yadda ake samun makin FIDE ɗin, na waya ba ya cikin lissafi, ko ka kai 2000 a Lichess ko Chess.com wannan nasu ne daban. Sai ka samu lambar rajista ta hannun hukumar ces ta ƙasa, ka shiga gasar da aka yi wa rajista da FIDE, ka buga aƙalla wasa 5 da masu maki, kuma tun Maris 2024 mafi ƙarancin makin da ake sa mutum a jeri da shi 1400 ne. Irin waɗannan gasanni kuma yawancinsu a Legas da Abuja ake yi, kenan daga nan sai ka fara lissafin motar Kano, daga Kano ta dare, ga masauki ga kuɗin shiga ga abinci na kwanaki, ka auna da albashin malamin makaranta ko kuɗin buhun riɗi.

In kuma Allah ya kai ka, to ka rabu da wayarka tun a ƙofa. Ruslan Ponomariov na Yukiren yana riƙe da kambun FIDE a 2003 wayarsa ta yi ƙara ana tsakiyar wasa a Bulgeriya, ranar zagayowar haihuwarsa ce ma, nan take alƙali ya ba abokin karawarsa wasan. Yanzu dokar ta fi haka tsanani saboda kowace waya na iya ɗaukar injin da zai ci Carlsen, an kama wani GM a gasar Dubai a 2015 ya ɓoye waya a banɗaki yana zuwa yana dubawa, an kama wani a Faransa a 2019 da irin wannan, duka biyun FIDE ta tuɓe musu laƙabin, kusan ita ce kaɗai hanyar da ake rasa shi. Mu da ko a sahun salla sai an yi ta roƙo a kashe waya, ina jin rabin tawagarmu a zagayen farko za a sallamo su.